Tama da Jan Ƙarfe a Tarihin Ƙasar Nijar: Shaidar Kufai da Shaidar Harshe

1. Gabatarwa

Ƙaramar hukumar Mai Yara tana cikin gundumar Dakoro, a jahar Maraɗi. Ƙasa ce ta jigawa, ta manoman hatsi da makiyaya, kuma kamar sauran ƙasashen noma na arewacin Hausa, rayuwarta ta rataya ne a kan abin da maƙeri ya ƙera, wato hauya da gatari da lauje da wuƙa. Ƙarfen da ake ƙera waɗannan kaya da shi a yanzu duk tsohon ƙarfe ne na mota da injuna. Amma kafin zuwan mota, daga dutse ake fid da shi, kuma wannan sana'a ta fid da ƙarfe daga dutse ta girmi kowace sarauta da aka sani a wannan yanki.

Idan aka dubi taswira za a ga Dakoro ta zauna tsakanin wurare huɗu masu muhimmanci a tarihin ƙarfe. A arewa akwai Azbin da filayen Ingal, inda aka narka jan ƙarfe tun kafin Miladiyya. Can gabas mai nisa akwai duwatsun Tarmit, inda aka sami tsofaffin tanderun baƙin ƙarfe. A yamma ga Adar da Majiya masu arzikin tama, a kudu kuma ga Kano da Zazzau, da ƙasar Nok a bayansu.

Manufar wannan maƙala ita ce a bayyana abin da binciken kufai ya tabbatar game da haƙar ma'adinai da narkarsu a waɗannan wurare, a kuma nuna inda shaidar ƙasa ta taɓa ruɗin masana. Daga nan sai a duba shaida ta biyu, wato kalmomin maƙera, waɗanda suke ɓacewa tun daga lokacin da aka daina narkar tama. Hausawa sun ce ƙarfe ɗaya ba ya amo. Haka tarihin ƙarfe yake, yana bukatar mai tonon kufai da mai nazarin harshe gaba ɗaya. Inda aka rubuta K.M. ana nufin kafin Miladiyya.

2. Haƙar ma'adinai kafin sanin ƙarfe

Ɗan Adam ya daɗe yana haƙar ƙasa don neman dutse mai amfani tun bai san ƙarfe ba. A Ngwenya, cikin ƙasar Eswatini a kudancin Afirka, akwai wani kogo da aka haƙi jan dutse na kwalliya da fenti fiye da shekara 40,000 da suka wuce, kuma yana cikin mahaƙai mafiya tsufa da aka sani a duniya. A Nazlet Khater, a bakin kogin Nilu cikin Masar, mutane sun gina ramuka don ciro ƙanƙarar dutse ta yin wuƙaƙe fiye da shekara 30,000 da suka wuce. Abin lura a nan shi ne, jan dutsen Ngwenya tama ce, amma masu haƙarsa launinsa kawai suke so.

A ƙasar Nijar ma zamanin kayan dutse ya yi tsawo. Lokacin da Sahara take da tafkuna da ciyawa, mutane sun zauna a Adrar Bus da Gobero, suna kamun kifi da farauta, daga baya kuma suna kiwon shanu. Sun bar kan kibau da duwatsun niƙa da gatura na gogaggen dutse. Irin waɗannan gatura ne manomi yake tsinta a gona ya kira su gatarin aradu, bisa zaton tsawa ce ta jefo su daga sama. Sunan kansa shaida ce cewa zamanin yin su ya yi nisan da har an manta aikin hannun mutum ne.

Narkar ma'adini da wuta kuwa ta zo ne daga baya ƙwarai. Ɗaya daga cikin tsofaffin shaidunta shi ne na Belovode a ƙasar Sabiya, inda aka narka jan ƙarfe wajen shekara 5000 K.M. Baƙin ƙarfe bai yawaita a Gabas ta Tsakiya ba sai bayan 1200 K.M. Wuƙar ƙarfe da aka binne Fir'auna Tutankhamun da ita a ƙarni na 14 K.M., awon da aka yi mata a 2016 ya nuna daga dutsen da ya faɗo daga sama aka ƙera ta.

A shekarar 1836 wani masani ɗan ƙasar Danmak, Christian Thomsen, ya wallafa tsarinsa na raba tarihin farko kashi uku: zamanin dutse, zamanin tagulla, zamanin baƙin ƙarfe. Tsarin ya dace da Turai. A mafi yawan Afirka ta kudu da Sahara kuwa, daga dutse aka shiga baƙin ƙarfe kai tsaye. Wurare biyu ne a yammacin Afirka aka ga jan ƙarfe tun da wuri: Akjujt a Muritaniya, da yankin Agadas a Nijar.

3. Yadda ake fid da ƙarfe daga tama

Kafin a shiga gardamar shekaru, ya kamata a fahimci aikin kansa. Jan ƙarfe yana narkewa a digiri 1,085 na ma'aunin Salsiyos, kuma wani lokaci akan same shi tsantsa cikin dutse, sai dai a tsince shi a narka. Baƙin ƙarfe ba ya zama ruwa sai zafi ya kai digiri 1,538, abin da ya fi ƙarfin wutar da maƙeran dā suke aiki da ita. Saboda haka dabararsu ta bi wata hanya dabam.

Akan gina tanderu na yumɓu, a jera gawayi da farfasasshiyar tama a ciki, bene bisa bene, a sa bututun yumɓu a gindi don shigar iska. A wasu wurare da zugazugi ake hura wutar, a wasu kuma akan yi tanderun da tsawo yadda zai ja iska da kansa. Idan zafi ya kai tsakanin digiri 1,100 da 1,300, iskar da gawayi yake fitarwa sai ta janye iskar da ta haɗe da ƙarfe cikin tamar. Ƙasa da yashin da ke ciki su ne suke narkewa su gangara, su daskare su zama kashin maƙera. Ƙarfen kuwa yakan taru wuri ɗaya ya zama curi mai ramuka kamar soso, wanda sai an sāke gasa shi an yi ta dukansa da masaba kafin ya yi kyaun ƙira.

Wannan aiki yana cin gawayi mai yawa, kuma ba kowane itace ne yake ba da wutar da ake so ba. Maƙeran ƙasar Hausa gawayin ƙirya suka fi nema saboda taurinsa da daɗewar garwashinsa. Abu uku ne wurin narka yake bari a bayansa: kashin maƙera, wanda ba ya ruɓewa, da ɓaraguzan bututu, da gawayi. Gawayin nan ne ake kai wa ɗakin awo a ƙiyasta shekarunsa ta hanyar kabon 14, dabarar da Willard Libby ya fito da ita a Amurka a ƙarshen shekarun 1940. Awon yana faɗin lokacin da itacen ya daina rayuwa ne kurum, ba ya faɗin ranar da aka ƙona shi. Wannan bambanci shi ne tushen ruɗanin da za a gani a gaba.

4. Jan ƙarfen yankin Agadas

Daga 1977 zuwa 1981 an gudanar da wani shirin bincike na gaggawa a yankin Ingal da Tagidda-n-Tesemt, don a ceci kayan tarihi kafin ayyukan neman yuraniyom su taɓa su, kuma an buga sakamakon a jerin littattafan Études Nigériennes. Danilo Grébénart, wanda ya ɗauki ɓangaren ƙarafa, ya tone wurare da dama, musamman a Afunfun, kudu da Agadas. Ya raba abin da ya samu zuwa zamani biyu na jan ƙarfe. Na farko ya ɗora shi a kan wasu ƙonannun ramuka masu siffa iri iri, waɗanda gawayinsu ya nuna wajen shekara 2000 K.M. Na biyu ya faɗo cikin shekaru dubu na ƙarshe kafin Miladiyya, kuma tanderunsa ƙanana ne, masu siffa ɗaya, ga kashin narka a gefensu.

Labarin zamani na farko ya bazu da sauri, domin ya mai da Nijar cikin wuraren da suka fi daɗewa da sanin narkar ma'adini a Afirka. Amma a 1988 aka buga sakamakon wani sabon awo da David Killick da Nikolaas van der Merwe da Robert Gordon suka yi tare da Grébénart kansa. Da suka duba samfurorin da madubin ƙara girma, sai suka ga yawancin abin da aka ɗauka kashin narka ne, ƙasa ce kawai da wuta ta gasa. Da yawa daga cikin ramukan kuwa kututturan itatuwa ne da suka ci wuta har cikin saiwa, suka bar ƙonanniyar ƙasa mai kama da tanderu. Bugu da ƙari, a busasshiyar ƙasa irin ta hamada mataccen itace yana iya yin ɗaruruwan shekaru bai ruɓe ba, don haka wanda ya yi gawayi da shi zai bar wa masu awo shekarun da suka girme shi nesa ba kusa ba.

Zamani na biyu kuwa wannan awo ya tabbatar da shi. Mutanen lokacin sun narka jan ƙarfe a ƙananan tanderu, sun ƙera kan kibau da allurai da ƙarau da zobba. Ba a sami manyan garuruwa tare da tanderun ba, abin da ya sa ake ganin masu aikin makiyaya ne da suke zuwa wurin a wani lokaci na shekara. A wannan zamani ne kuma ake haƙar jan ƙarfe a Akjujt, inda Nicole Lambert ta tone mahaƙar da ake kira Kogon Jemagu. Abin yabo a wannan labari shi ne mai tonon da kansa ya miƙa samfurorinsa aka gwada, ya kuma sa hannu a kan gyaran.

5. Baƙin ƙarfe: Tarmit, Nok da gardamar asali

A 1972 Gérard Quéchon da Jean-Pierre Roset suka sami wurin narkar tama a Do Dimmi, cikin duwatsun Tarmit a gabashin Nijar. Gawayin tanderun ya nuna shekaru dubu na ƙarshe kafin Miladiyya, kusa da farkonsu. Daga baya Quéchon da Alain Person suka auna ɓaraguzan tukwane da aka tsinta tare da ƴan guntayen ƙarfe a wasu wurare na Tarmit, suka ce ƙarfe ya kai 1500 K.M. a can, a Egaro kuma, yamma da Tarmit, aka ambaci shekarun da suka fi haka nisa. Wannan ra'ayi ya sami wuri a littafin da UNESCO ta buga a 2002 kan asalin narkar ƙarfe a Afirka, wanda Hamady Bocoum ya shirya.

Masu suka sun kawo hujja mai nauyi. A hamada iska tana kwashe rairayi, sai kayan zamani dabam dabam su sauko su kwanta a fili ɗaya. Kaskon da ya shekara dubu uku da guntun ƙarfen da ya shekara dubu biyu suna iya zama gefe da gefe, alhali babu abin da ya haɗa masu su. Don haka shekarun da suka fito daga cikin tanderu sun fi ƙarfin hujja bisa waɗanda aka samo daga tsintuwar saman ƙasa.

Sauran wurare sun ba da shekaru masu kama da na Do Dimmi. A kudu da gangaren Tigidit, Grébénart ya sami ƙauyukan masu narkar tama na wajen tsakiyar shekaru dubu na ƙarshe K.M. A Taruga, cikin ƙasar Nok a tsakiyar Nijeriya, Bernard Fagg ya tone tanderu a shekarun 1960, kuma binciken da Jami'ar Frankfurt ta fara a 2005 ƙarƙashin Peter Breunig ya nuna al'adar Nok ta faro wajen 1500 K.M., ƙarfe kuma ya shigo cikinta ɗaruruwan shekaru bayan haka. A Durula ta Burkina Faso akwai tanderun ƙarni na 8 K.M., wanda yake cikin wuraren narkar ƙarfe na ƙasar da UNESCO ta sa a jerin kayan gadon duniya a 2019. Akwai wata matsala ta awon kansa: tsakanin 800 da 400 K.M. ma'aunin kabon 14 ba ya rarrabe shekaru sosai, gawayin farkon wannan lokaci da na ƙarshensa kusan amsa ɗaya suke bayarwa. Ga shi kuwa a daidai wannan tazara ne yawancin tsofaffin tanderun yammacin Afirka suka faɗo.

A kan asalin sanin, ra'ayi uku ne. Na farko ya ce daga Marawi ta Sudan ya zo, amma wannan ya yi rauni, tun da tanderun yamma ba su kasa na Marawi tsufa ba. Na biyu ya ce daga Kartaj, birnin Finikiyawa a Tunisiya ta yau, ya ƙetaro Sahara ta hannun Barbar. Na uku ya ce a nan Afirka ta kudu da Sahara aka gano dabarar, kuma masu wannan ra'ayi suna nuni da tsufan shekarun da kuma yawan nau'o'in tanderu da ba su da kama da na arewa. Masu ja da su kuma suna cewa narkar tama aiki ne mai wuyar da ba a cika faɗa masa ba sai an daɗe ana narkar jan ƙarfe. Wannan ne ya sa yankin Agadas yake da muhimmanci a gardamar, domin a can ƙarafan biyu suka yi maƙwabtaka. Abin da duk ɓangarorin suka yarda da shi shi ne, shekara 2,500 da suka wuce ana narkar tama a wurare da dama tsakanin Tarmit da ƙasar Nok.

6. Daga Marandat da Takadda zuwa Gobir

Sana'ar ba ta tsaya a zamanin da babu rubutu ba, ta ci gaba har ta haɗu da tarihin Hausawa. A Marandat, kudu maso yamma da Agadas, Henri Lhote ya tarar da juji na ƴan tukwanen narka jan ƙarfe, ya ƙidaya fiye da 40,000. Wurin ya yi aiki a kashi na biyu na shekaru dubu na farko na Miladiyya, kuma masana da yawa suna ganin shi ne Maranda da al-Yakubi ya ambata a ƙarni na 9. Labaran Gobirawa suna danganta kakanninsu da wannan yanki na Azbin kafin su gangaro kudu.

A 1353 Ibn Battuta ya sauka Takadda. Ya bayyana yadda ake haƙo jan ƙarfe a bayan gari, bayi maza da mata su narka shi a gidaje, a zuba shi sanduna masu tsawon taƙi ɗaya da rabi, wasu sirara wasu kaurara. Kaurara 400 ake bayarwa a miskali ɗaya na zinariya, sirara kuwa 600 ko 700. Da sirara ake sayen nama da itacen wuta, da kaurara ake sayen gero da man shanu da alkama da bayi. Ya kuma ce ana kai wannan jan ƙarfe Borno da wata ƙasa da ya rubuta Kubar, wadda masana suka ɗauka Gobir ce. Binciken Suzanne Bernus da Pierre Gouletquer a shekarun 1970 ya nuna kufan Azelik su ne Takadda. Garin ya faɗi a ƙarni na 15, zuriyar mutanensa kuma suka koma ga aikin gishiri a Tagidda-n-Tesemt da noman dabino a Ingal.

A nan ne ƙasar Dakoro ta shigo labarin kai tsaye, domin Birnin Lalle, ɗaya daga cikin mazaunan sarakunan Gobir bayan barinsu Azbin, tana cikin wannan gunduma. Wato hanyar da Gobirawa suka bi, da hanyar da jan ƙarfen arewa ya bi zuwa kasuwannin kudu, sun ratsa wannan yanki na kwarin Tarka.

A kudu ma ƙarfe yana cikin tushen garuruwa. Labarin baka na Kanawa yana cewa Abagayawa maƙera ne da suka zo daga Gaya neman tama, suka zauna a gindin Dala. Gawayin wani tanderu da aka samu a Dala ya nuna ƙarni na 7 na Miladiyya, kuma tone-tonen da John Sutton ya jagoranta a Samaru kusa da Zariya a shekarun 1970 sun fito da wuraren narka na shekaru dubu na farko. A wannan karo labarin baka da awon ɗakin bincike sun tafi hanya ɗaya.

7. Mutuwar narka da shaidar harshe

Narkar tama ta mutu a ƙasar Hausa cikin ƙarni na 20. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, ƙarfen Turai ya cika kasuwa, daga baya tsohon ƙarfen mota ya zo da araha. Maƙeri ya ga babu dalilin kwana da kwanaki a daji yana haƙa da ƙona gawayi. Philip Jaggar ya nuna yadda wannan sauyi ya taɓi maƙeran birnin Kano, a littafinsa na 1994. A Adar, inda tama take a sarari, sanin ya ɗan daɗe, har Nicole Echard ta sami tsofaffin da suka iya aikin a shekarun 1960, ta ɗauki fim ɗin narkarsu, ta kuma rubuta yadda suke kwatanta aikin da aure da haihuwa. Ƙira ta rayu, narka ta tafi, kuma kalmomin narka suna bin ta.

Abin da ya rage a harshe yana da faɗi. Akwai kalmomin sana'a: tama, ƙarfe, maƙera, uwar maƙera, masaba, awartaki, zugazugi, kashin maƙera. Akwai rabon aiki tsakanin maƙeran baƙi masu kayan noma da makamai, da maƙeran fari masu kayan ado, ga kuma sarautar Sarkin Maƙera. Akwai kalmomin da suka fita daga maƙera suka shiga maganar yau da kullum: zuga ta zama ingiza mutum, ƙira ta zama siffar jiki, ƙarfe ya zama lokacin agogo saboda ƙarfen da ake bugawa a sanar da sa'a.

Kalmomin aro ma suna da labari. Azurfa da takobi daga harsunan Barbar suka shigo, kamar yadda nazarin Claude Gouffé da na Maarten Kossmann na 2005 suka nuna, zinariya kuma tana komawa ga dinari na Larabci. Wannan ya dace da abin da tarihi ya sani na shigowar ƙarafan ado da wasu makamai ta hanyar arewa. Irin wannan nazari, idan aka yi shi a kan kalmomin narka, aka kwatanta na Hausa da na Tamajak da Kanuri da Zabarmanci da na sauran harsunan Cadi, zai nuna waɗanda aka gada da waɗanda aka ara, da kuma inda aron ya fito. Sai dai ita ma wannan shaida tana da tarkonta, domin kalma tana iya tafiya ba tare da sana'a ba, sana'a kuma tana iya sauya suna. Kamar gawayi, kalma ma sai an san inda aka tsince ta.

8. Abin da ya kamaci masu bincike da masu tsara yaƙi da jahilci

Ƙamus na Bargery na 1934 da na Abraham na 1949 sun adana kalmomin maƙera da yawa, amma a Nijeriya aka tattara mafi yawansu. Karin harshen Gobir da Adar da arewacin Maraɗi yana bukatar nasa tattarawa. Aikin ba ya bukatar kuɗi masu yawa. Malamin yaƙi da jahilci a Mai Yara ko Kornaka ko Birnin Lalle yana iya zama da tsofaffin gidan maƙera ya rubuta sunan kowane kayan aiki da kowane mataki, da inda kakanninsu suke samo tama, da itacen da suke gawayi da shi, da kirari da zuriyar gidan. Ya rubuta sunan ƙauye da ranar hira a kan kowace kalma. Sunayen wurare ma a bi su, kamar unguwannin da ake kira Maƙera, da garin Tama na gundumar Buza.

Na biyu, duk inda manoma suka san akwai tarin kashin maƙera ko ɓaraguzan bututu, a rubuta wurin a sanar da Cibiyar IRSH ta Jami'ar Abdou Moumouni a Yamai, a bar kayan inda suke. Gawayin da aka ciro daga mazauninsa ya rasa rabin amfaninsa.

Na uku ya shafi littattafan karatu. Tun daga makarantar gwaji ta Zangu a Damagaram a 1973 ake koyarwa da Hausa a Nijar, kuma a 2025 dokar ƙasa ta ɗauki Hausa a matsayin harshen ƙasa, don haka bukatar littattafan tarihi da kimiyya za ta ƙaru. Masu rubuta su su guji juyo tsarin zamani uku na Turai kamar shi ne na ko'ina. Su kuma daidaita sunayen ƙarafa, domin jan ƙarfe da tagulla da gaci suna shiga wa juna a bakin jama'a, alhali littafin kimiyya yana bukatar suna ɗaya ga ƙarfe tsantsa, wani kuma ga gaminsa da kuza. Game da shekaru, a rubuta abin da ya tabbata, wato jan ƙarfe da baƙin ƙarfe duka ana narka su a ƙasar Nijar cikin shekaru dubu na ƙarshe kafin Miladiyya, a bayyana shekarun da suka wuce haka a matsayin ra'ayin da ake gardama a kansa.

Kashin maƙera zai iya jiran mai tono wasu shekaru ɗari. Tsofaffin da suka ji bayanin narka daga bakin waɗanda suka yi ta da hannunsu kuwa kaɗan suka rage, saboda haka tattara kalmomi shi ne aikin da ya kamata a fara da shi.